Tattaki zuwa magangarun ruwan Madeira da tashoshin lantarkinta: tambayoyi da amsoshi

Waɗannan tambayoyi su ne suka fi yawan fitowa daga bakin masu niyyar zuwa tsibirin Madeira don tattaki a cikin duwatsu, musamman waɗanda ba su taɓa taka irin wannan ƙasa ba. An fara da na share fage, sannan aka shiga na ciki. Inda wata amsa ta jingina da wata, an nuna.

Ina ne Madeira, kuma me ake zuwa gani?

Madeira tsibiri ne a cikin Tekun Atilantika, yamma da gaɓar Maroko, kusan kilomita 1,000 daga Lisbon. Yanki ne na ƙasar Fotugal, amma yana da gwamnatinsa ta cikin gida tun 1976. Babban birninsa Funchal, mutanen yankin kuma kimanin 250,000 ne. Ba shi da girma: tsawonsa kilomita 57, faɗinsa 22. Sai dai a cikin wannan ɗan fili ƙasa ta tashi daga bakin teku har sama da mita 1,800 a ƙololuwar Pico Ruivo, shi ya sa kusan ko'ina ka duba hawa ne ko gangara.

Masu tattaki suna zuwa ne don magangarun ruwa da dajin da ke kewaye da su. Amma hanyar da ke kai mutum can ba don baƙi aka yi ta ba. Gefen magudanar ruwa ce da aka sassaƙa a jikin dutse, kuma ruwan da ke tafiya kusa da ƙafarka yana kan hanyarsa ne ta zuwa gonar wani ko injin wata tashar lantarki.

Tun da dutse mai aman wuta ne, ba a tsoron ya tashi?

A'a. Aman wuta daga ƙarƙashin teku ne ya gina tsibirin cikin miliyoyin shekaru, amma rabonsa da motsi ya kai shekaru dubu shida ko fiye. Abin da ya bari shi ne baƙin dutse mai tauri da ake kira basalt, da kwazazzabai masu zurfi, da kogwannin dutse irin na São Vicente inda narkakken dutse ya taɓa kwarara. Haɗarin da ya kamata mai tattaki ya sa a ransa na ruwa ne da santsi da zaftarewar ƙasa. An yi bayaninsa a ƙasa, a tambayar haɗari.

Mece ce levada?

Levada ita ce magudanar da aka ambata a sama. Sunan daga kalmar Fotugis ne mai nufin ɗauka ko kaiwa. Yawanci faɗinta bai kai mita ɗaya ba, zurfinta wajen gwiwa, an gina ta da ɗan karkata kaɗan ƙwarai don ruwa ya riƙa tafiya a hankali, yana zagaye duwatsu maimakon ya rufto ƙasa. A gefenta akwai siririyar hanyar mai kula da ita, wadda ita ce masu tattaki ke bi. Idan aka haɗa tsawonsu duka a tsibirin ya haura kilomita 2,000.

Dalilin yin su shi ne rabon da Allah ya yi wa tsibirin. Iska mai ɗauke da danshi tana zuwa ne daga arewa maso gabas, ta bugi duwatsu ta sauke ruwanta a gefen arewa. Gefen kudu kuwa, inda rana take da ƙasar noma da yawan jama'a, yana bushewa da bazara. Ruwa a wuri ɗaya, gona a wani wuri, tsauni a tsakani. Duk wanda ya taɓa noman rani ya san irin wannan damuwa, sai dai a nan ba rijiya ake haƙawa ba, tsaunin ake zagayewa ko a huda shi.

Har yau ana rabon ruwan ne da sa'o'i. Kowane mai gona yana da lokacinsa a cikin zagayen, ko da tsakar dare ya faɗo masa sai ya tashi. Ma'aikacin da ke buɗe ƙofar ruwa ya rufe, ya kwashe ganye da duwatsun da suka toshe hanya, ana ce masa levadeiro. Idan ka haɗu da shi a hanya, ka gaishe shi ka ba shi wuri, domin shi a bakin aikinsa yake.

Su wa suka gina su?

Turawan Fotugal sun iso tsibirin a 1419 ƙarƙashin João Gonçalves Zarco da Tristão Vaz Teixeira, suka tarar ba kowa a ciki sai daji. Ba a daɗe ba aka kawo rake, rake kuma ba ya yi sai da ruwa mai yawa. Tun cikin ƙarni na 15 aka fara yanka magudanai, kuma a 1452 aka ba Diogo de Teive izinin kafa injin matse rake mai juyawa da ƙarfin ruwa. Wato shekaru ɗari biyar kafin tashar lantarki ta farko mai aiki da ruwa a tsibirin, ruwan Madeira ya riga ya saba juya inji.

Akwai abin da bai kamata a tsallake ba. Arzikin sukari na wancan zamani a kan bayi ya tsaya: mutanen da aka kamo daga tsibiran Kanari, da Arewacin Afirka, da gaɓar Afirka ta Yamma. Tsarin gonar rake da bayi da aka gwada a Madeira shi ne daga baya ya tsallaka zuwa São Tomé da Brazil. Ɗan Afirka ta Yamma da ke tafiya a gefen tsohuwar levada yana da haƙƙin ya tambayi jagoransa wannan tarihi, jagora nagari kuma ba zai kauce masa ba.

A ƙarnukan da suka biyo baya talakawan tsibirin ne suka ci gaba da aikin. Inda dutse ya miƙe tsaye kamar bango, sai a zura mutum da igiya a cikin kwando, yana lilo a sarari yana sara da diga. Mutane da yawa sun rasa rayukansu a haka. Aikin magudanar Rabaçal, inda mafi yawan baƙi ke zuwa yau, an fara shi a 1835, ya ci shekaru da dama kafin ruwan ya ratsa dutse ya fito kudu.

Daga ina magangarun ke samun ruwa, alhali babu babban kogi?

Daga gajimare, ta hanya biyu. Akwai ruwan sama, akwai kuma hazon da ke ratsa daji ya maƙale a ganye ya riƙa ɗiga ko da ba a yi ruwa ba. Dajin da ke wannan aiki shi ne Laurisilva, tsohon daji mai ganye kore duk shekara, mai faɗin kimanin hekta 15,000, wanda UNESCO ta sa cikin wuraren gadon duniya a 1999. A samansa akwai tudun Paul da Serra, shimfiɗaɗɗen fili mai tsayin kusan mita 1,500, wanda ke shan ruwa kamar soso. Ruwan yana nutsewa ta tsagogin dutse, in ya ci karo da shimfiɗar da ba ya iya ratsawa sai ya ɓullo ta gefen kwazazzabo. Abin da mutum ke gani ke nan a 25 Fontes, wato maɓuɓɓuga ashirin da biyar: bango guda yana tsiyayar ruwa ta wurare da yawa zuwa cikin tafki ɗaya.

Mene ne haɗin magangarar ruwa da wutar lantarki?

Ƙarfin da ruwa ke bayarwa ya dogara da abu biyu: yawansa, da tsayin da ya faɗo. Lita ɗaya a kowace daƙiƙa, idan ta faɗo mita 100, tana ɗauke da kusan kilowat ɗaya. A Kainji ruwa mai yawan gaske ne ke faɗowa daga ɗan tsayi kaɗan. Madeira akasin haka take, ruwa kaɗan amma tsayi mai yawa. Wanda ya san tsoffin tashoshin Kwall da Kurra a tudun Jos, waɗanda aka kafa saboda haƙar kuza, ya fi kusa da gane tsarin.

Ga yadda ake yi. Levada tana tara ruwan ƙoramu ta riƙe shi a can sama, ba ta bari ya sauka. Tana kai shi wani ƙaramin tafki a bakin gangara, daga nan ya shiga ƙaton bututun ƙarfe ya sulalo ɗaruruwan mitoci, ya fito da ƙarfi ya bugi farfelar inji mai kofuna a jikinta. Abin da ya fi burge ni a tsarin shi ne ruwan ba ya ƙarewa a nan. Bayan ya juya inji sai ya shiga wata levada ta ƙasa ya wuce gonakin ayaba da inabi da kayan lambu. Ruwa ɗaya ya kunna fitila, ya kuma shayar da shuka.

An tsara wannan ne bayan gwamnati ta kafa hukumar ayyukan ruwa ta Madeira a 1943, wadda injiniya Manuel Rafael Amaro da Costa ya yi fice a aikinta. Tashoshin Serra de Água da Calheta suka fara aiki a 1953, ta Ribeira da Janela a 1965, ta Fajã da Nogueira a 1971. Ruwan da ya fito daga Serra de Água yana bin Levada do Norte zuwa gonakin Ribeira Brava da Câmara de Lobos. Na Fajã da Nogueira kuma yana shiga Levada dos Tornos. Da waɗannan tashoshi ne wuta ta fara isa ƙauyuka, domin kafin nan kusan Funchal kaɗai ke da ita.

Tashoshin tarihi ne kawai, ko har yanzu suna aiki?

Suna aiki, kamfanin lantarkin yankin, EEM, shi ke tafiyar da su. An ma ƙara musu sababbi. Tashar Socorridos, mai megawat 24, an gyara ta yadda da dare, lokacin da bukata ta ragu kuma injinan iska na Paul da Serra ke juyawa, ake tura ruwa ya koma sama don a sake sako shi da rana. An yi irin wannan a Calheta, da madatsar Pico da Urze mai ɗaukar kusan kubik mita miliyan ɗaya. Tsibirin ba shi da wayar da ta haɗa shi da wutar babban yankin Turai, don haka duk abin da zai ci sai ya samar da kansa, tafkin da ke kan dutse kuwa shi ne ma'ajiyarsa. Duk da haka, mafi yawan wutar Madeira har yanzu daga injinan mai da gas take fitowa.

Ana shiga cikin tashoshin? Ina zan ga tarihin lantarkin?

Tashoshin wuraren aiki ne, ba a faɗa musu haka kawai. Ƙungiya ko makaranta sai ta nemi izinin kamfanin tun da wuri. Amma ana ganinsu daga waje. Daga dandalin kallo na Balcões ana hango tashar Fajã da Nogueira can ƙasa a cikin kwari, ta Ribeira da Janela kuma tana bakin teku kusa da Porto Moniz.

Wurin da aka tanada don baƙi shi ne gidan tarihin Casa da Luz a Funchal, kusa da bakin ruwa. A cikin tsohuwar tashar wutar birnin yake, an buɗe shi a 1997, shekara ɗari bayan an fara kunna lantarki a Funchal a 1897. Akwai tsofaffin injina da fitilun titi da bayanin yadda aka kai wuta ƙauyuka. Shawarata ka fara da shi a ranar farko. Wanda ya ga farfelar a kusa, in ya hango bututu yana gangarowa daga dutse a cikin daji zai san abin da yake kallo.

Wace hanya ta dace da ni?

Hanyoyin da hukuma ta amince da su suna da lamba mai farawa da PR, da alamar fenti ja da rawaya. Ga mai tafiya da yara ko iyaye, Vereda dos Balcões, PR11, daga Ribeiro Frio: kilomita ɗaya da rabi, kusan a miƙe, ba wahala. Babu babbar magangara a kanta, amma akwai kallon tsaunuka da tashar Fajã da Nogueira da aka ambata a sama.

Mai son magangara ya nufi Rabaçal. Daga inda ake ajiye mota ana gangarawa kimanin kilomita 2 zuwa gidan gandun daji, akwai ƙaramar motar da ke jigila ga mai so. Daga nan hanya ta rabu: Risco, PR6.1, gajeriya ce mai sauƙi, tana kai wa ga ruwan da ke faɗowa daga tsayin kusan mita 100. 25 Fontes, PR6, ta fi tsawo, tana da matakala masu yawa waɗanda a dawowa ne ake jin su a gwiwa. Ruwan waɗannan magudanai yana ratsa ramin da aka huda a dutse, mai tsawon kusan mita 800, ya nufi tashar Calheta. Wasu jagorori ta cikin ramin suke fita da mutanensu, suna bin ruwan daga arewa zuwa kudu. In ka sami wannan dama kada ka bari ta wuce, domin a cikin 'yan mintoci za ka bar sanyi da hazo ka fito cikin rana.

Caldeirão Verde, PR9, ita ce ta masu ƙwari. Tana farawa daga Queimadas a yankin Santana, kimanin kilomita 6.5 zuwa, haka kuma dawowa, da ramuka huɗu masu duhu da ɗigar ruwa, wasu sai an sunkuya. Babu hawa sosai, amma akwai wuraren da hanyar ta tsuke, kwazazzabo a gefe, igiyar waya kaɗai ke tsakaninka da shi. A ƙarshenta ruwa na zubowa daga sama cikin wani zagayayyen rami da ganye ya lulluɓe. Mai fama da jiri in ya kalli ƙasa daga tsayi ya haƙura da wannan.

Dole ne sai da jagora?

Doka ba ta tilasta ba a hanyoyin PR, kuma da wuya a ɓata, tunda levada ake bi. Amma a ganina wanda ya zo karon farko ya ɗauki jagora ko da na kwana ɗaya ne. Yana ɗauko ka daga masauki, abin da ke raba ka da tuƙi a hanyoyin dutse masu lanƙwasa. Ya san wace hanya aka rufe, ya san lokacin da ya kamata a juya in yanayi ya sauya. Sannan akwai hanyoyin da ake shiga ta wani gari a fita ta wani, kamar Levada do Furado daga Ribeiro Frio zuwa Portela, kilomita 11, waɗanda sai da motar da ke jira a ƙarshe.

Kafin ka biya, ka tambayi ko kamfanin yana da rajistar yawon buɗe ido da inshora, mutum nawa ne a ayari, da wane harshe za a yi bayani, kuma ko kuɗin hanya yana ciki. Ka ƙara da tambaya ɗaya: ruwan levadar da za mu bi, ina yake zuwa? Wanda ya amsa maka da sunan tasha da sunan ƙauye, shi ne jagoran da kake nema.

Ana biyan kuɗin shiga?

Ana biya. Hukumar gandun daji ta yankin, IFCN, ita ke kula da hanyoyin PR, kuma a 2025 baƙi 'yan sama da shekara 12 sun riƙa biyan yuro 3 a kan kowace hanya, ta shafin gwamnati mai suna Simplifica. Farashi da ƙa'idar kama gurbi suna sauyawa, saboda haka ka duba shafin kafin ranar tafiya. A shafin IFCN ne kuma ake sanar da hanyoyin da aka rufe.

Wane lokaci ya fi, kuma me zan ɗauka?

Ruwa ya fi yawa daga Oktoba zuwa Maris. Magangaru na cika, amma a lokacin ne ake yawan rufe hanyoyi. Afrilu zuwa Yuni ya fi daidai, ga ruwa ga sauƙin yanayi. A Yuli da Agusta wasu magangarun kan rame, jama'a kuma su yi yawa. Kowane wata ne, sammako ya fi, domin kafin hantsi ya ɗaga motocin baƙi sun cika Rabaçal, wucewa a siririyar hanya ta zama aiki.

Kada zafin Funchal ya ruɗe ka. Duk mita 1,000 da aka hau, zafi na raguwa da kusan digiri 6, ga hazo ga iska. Ka ɗauki takalmi mai kama ƙasa, rigar ruwa, rigar sanyi, tocila ta gaske don ramuka, ruwan sha da guzuri. Doguwar riga mai jan ƙasa tana jiƙewa tana kuma harɗe ƙafa a matakala. 'Yan'uwa mata za su fi sakewa da wando mai faɗi da riga zuwa gwiwa, da hijabin da iska ba za ta riƙa ɗagawa ba. Ruwan levada, duk da haskensa, ba na sha ba ne.

Waɗanne haɗura ne na gaske?

Faɗuwa ce ta farko. Gefen levada siminti ne ko dutse mai gansakuka, kuma kusan duk shekara ana samun baƙin da suka zame, wasu har su rasa rai. Yawanci abu uku ne ke jawowa: tsallake shingen hanyar da aka rufe, ja da baya don ɗaukar hoto, da tafiya ana kallon waya. In za ka kalli wani abu, ka tsaya cak tukuna. In kun yi kiciɓis da wani ayari, wanda ya fi kusa da wuri mai faɗi shi ke tsayawa, ya raɓa ta gefen dutse.

Na biyu shi ne dutsen da ke ɓallowa daga sama bayan ruwa mai ƙarfi ko gobara, shi ya sa ba a son a daɗe zaune daidai ƙarƙashin magangara. Ƙoramun tsibirin gajeru ne masu gangara, suna cika cikin ɗan lokaci: ambaliyar 20 ga Fabrairu 2010 ta kashe fiye da mutum 40 a Funchal da Ribeira Brava. Gobarar Agustan 2024, wadda ta tashi a yankin Serra de Água, ta sa an rufe hanyoyi da dama. Babu macizai ko namun daji masu cutarwa. Lambar gaggawa 112 ce, amma a cikin kwazazzabo waya kan rasa sabis, don haka ka gaya wa masaukinka inda ka nufa da lokacin dawowarka.

Yaya batun biza, abinci da salla?

Madeira na cikin yankin Schengen, wato ƙasashen Turai masu amfani da biza ɗaya, kuɗinta yuro ne. Mai fasfon Nijeriya ko Nijar yana bukatar bizar Schengen. Yawanci ta Lisbon ake bi, jirgi kuma bai kai awa biyu ba daga can. Filin jirgin tsibirin ya yi suna da iska mai ƙarfi da kan sa a jinkirta sauka, don haka kada ka tsara tattaki a ranar isowa ko ta komawa.

Kifi shi ne mafita mafi sauƙi ga Musulmi: espada, wani dogon baƙin kifi da ake soyawa da ayaba, da tuna, da gurasar bolo do caco mai man shanu da tafarnuwa. Carne de vinha d'alhos naman alade ne da aka jiƙa a giya. Poncha, wadda ake yawan miƙa wa masu tattaki a ƙarshen tafiya, tana kama da lemo amma da barasar rake ake haɗa ta. Kek ɗin bolo de mel ma a gargajiyance ana sa masa kitsen alade, sai a tambaya. Ka faɗa wa jagoranka tun da safe cewa za ka tsaya salla, zai nuna maka wuri mai faɗi, kamar Queimadas ko gidan Rabaçal. In za ka yi alwala, ka ɗebi ruwan a gora ka koma gefe, kada abin da ka wanke ya koma cikin levada, domin akwai gidaje da gonaki a ƙasa da ke jiran wannan ruwan.